Yadda za ka haɗa gem ɗin karaoke a falonka, muryar ba ta zuwa a makare

Sallar da ta wuce ni aka ɗora wa kula da yaran gidanmu, to da yake na gaji da rigimar gem ɗin ƙwallo wanda kullum sai an ƙare da kuka da "wallahi fad ɗina ne ba ya yi", sai na tono tsohuwar PlayStation 2 (PS2) ɗina daga ƙarƙashin gado na haɗa musu gem ɗin waƙa. Kafin la'asar falon ya cika har da manya, Goggo da ta shigo don ta ce mu rage ƙara ita ce ta ƙare da cewa "kai ɗan nan miƙo min jan makirufon nan in gani", kuma ba ta ajiye shi ba sai da ta yi uku. Tun ranar ake ta tambayata yadda ake haɗawa, shi ya sa na ce bari in zauna in rubuta gaba ɗaya in huta.

Shi dai karaoke daga Japan ya fito, kalmar ma tasu ce, "kara" wato fanko, "oke" kuma guntun sunan ƙungiyar makaɗa, ma'ana kiɗa babu mawaƙi, kai ne za ka cike gurbin. Wani makaɗi a birnin Kobe mai suna Daisuke Inoue shi aka fi dangantawa da injin farko a 1971, kuma bawan Allah bai yi wa abin rajistar mallaka ba. Na gem ɗin gida ya bambanta da wancan da abu ɗaya, shi yana saurarenka yana ba ka maki.

Mataki na farko ba sayayya ba ne, ka fara gane me gem ɗin yake ji. Ba ya jin kalmomi, ko kaɗan. Abu biyu yake aunawa, hawa da saukar muryarka, sai kuma lokacin da ka fitar da ita. A fuskar tibi za ka ga wasu sanduna a kwance, wata sama wata ƙasa, doguwa da gajeruwa, ga baitin waƙar a rubuce a ƙasansu, in muryarka ta dace da sandar sai ta cika da launi, in ka yi sama ko ƙasa za ka ga launinka yana yawo a gefe. Akwai masu ruwan zinare, su makinsu ya fi yawa. A SingStar, gem ɗin waƙa na Sony, maki 10,000 ne ƙarshe. Ɗan yayata mai shekara tara ko Turancin waƙar bai iya ba, "mmm mmm" kawai ya riƙa yi cikin makirufo yana bin sandunan, ya lallasa yayyensa biyu 'yan jami'a, har aka so a yi rigima wai maguɗi ne. Ba maguɗi ba ne, haka abin yake. Kuma namiji mai ƙatuwar murya ba sai ya maƙale wuya don ya kamo muryar mace ba, ka yi a ƙasa da muryarka ta Allah, in dai sautin ya yi daidai gem ɗin zai karɓa. Riƙe maganar nan ta lokacin fitar murya, don duk wahalar da za ka sha a gaba daga nan take.

Na biyu, duba injin da kake da shi, kar ka sayi sabo saboda waƙa. In PS2 ce ko PS3, SingStar za ka nema. Ɗakin Sony na Landan ne suka fito da shi a 2004, yana zuwa da makirufo biyu, ja da shuɗi, da ɗan akwatin USB da ake soka su a ciki, kowane faifan PS2 yana ɗauke da waƙa wajen 30 da ainihin bidiyonsu. Akwai ma SingStar Bollywood na 2007, waƙoƙin finafinan Indiya zalla, kuma ba sai na gaya maka yadda wannan faifan zai karɓu a gidan Bahaushe ba, in ka gan shi a kasuwa kar ka tsaya dogon ciniki. Sai dai ka sani an rufe shagonsu na intanet na sayen ƙarin waƙoƙi tun 31 ga Janairun 2020, ɗakin da ya yi gem ɗin ma Sony ta rufe shi a 2024, don haka abin da ke kan faifai shi ne naka, babu ƙari. A PS2 akwai kuma Karaoke Revolution na Konami wanda ya riga shi fitowa a 2003. Mai Xbox 360 ya nemi Lips na 2008, makirufonsa babu waya, har fitila gare shi. Mai Wii akwai We Sing. In kuma PS4 ce ko PS5 ko Switch ko sabuwar Xbox, to Let's Sing ne abin da ya rage da rai, wani kamfanin Faransa Voxler ke yin sa, kusan duk shekara da sabo, kuma yana karɓar wayar hannu a matsayin makirufo. Rock Band ma ana waƙa a ciki amma shi gem ne na ƙungiyar makaɗa, in za ka haɗa da ganga da jita wani kashe kuɗin ne daban. Ni a ganina wanda yake so ya gwada ne kawai, PS2 ta gwanjo da SingStar ta fi komai sauƙi da rashin ciwon kai, babu data babu akawun babu sabuntawa. Abu biyu kar ka manta, Switch Lite ba ta haɗuwa da tibi sam, faifan PS2 da PS3 kuma ba ya yi a PS4 ko PS5, na PS4 ne kawai yake yi a PS5 mai cin faifai.

Na uku sayen kaya, nan ne ake cin mutane, ba lallai da mugunta ba, shi kansa mai shagon sau da yawa bai san me yake sayarwa ba don ba kayan da ake yawan nema ba ne. Ko a Alaba ne ko Computer Village ko Banex a Abuja ko Beirut Road a Kano, ka'idar ɗaya ce, kar ka biya sai an jona a gabanka. Juya bayan kwalin ka karanta jerin waƙoƙin tukuna. Kayan Beljiyam daga ko'ina suke zuwa, su kuma waɗannan gem ɗin kowace ƙasa da nata bugun, ni na taɓa sayo faifai ina murna na zo gida na tarar rabin waƙoƙin na Jamusanci ne, muka zauna muna kallon juna, mai shagon kuma ya ce ai kaya sun fita. A PS2 da Wii ka duba yanki, faifan Turai PAL ba zai yi a injin Amurka NTSC ba, haka ma akasin haka. Makirufon kuma ka riƙe wayar ka ɗan lanƙwasa ta daidai gindi da daidai bakin da ake sokawa kana magana a ciki, in ka ji ƙarar-ƙarar ko sauti ya ɗauke to ta karye daga ciki, ajiye. Ka tabbata ɗan akwatin USB ɗin yana ciki, don ja da shuɗin nan ba su da amfani in babu shi, kuma shi ne abin da ya fi ɓata. In marar waya ne buɗe gidan batirin ka leƙa, batir AA suke ci, in ka ga farin gari ko tsatsa to tsohon batir ya zube a ciki. Wani abu kuma, in PS2 ɗinka irin ta gidan gem ce da ake loda wa a filash, bakin USB ɗinta tsohon yayi ne 1.1, bidiyon waƙa zai riƙa sarƙewa yana tsalle, gara ainihin faifan.

Na huɗu wuta, gajere ne amma shi ne mai ƙona kuɗi. Wutarmu volt 230 ce, ta Amurka 120. PS4 da PS5 da cajar Switch suna ɗaukar 100 zuwa 240 babu matsala, amma ƙatuwar adaftar Xbox 360 ta Amurka da ta Wii da babbar PS2 ta Amurka, in ka soka kai tsaye ƙauri kawai za ka ji. Karanta rubutun da ke jiki kafin ka soka, in 110 ko 120 kaɗai ka gani nemo taransifoma mai rage wuta. In da janareta za ku yi, bari ya daidaita kafin ka kunna, in sola ce ko inbata Switch ta fi kowa ƙarancin ci.

To yanzu ga uwar matsalar, haɗawa da jinkiri. Soka akwatin makirufon a gaban injin kafin ka buɗe gem ɗin, ja a ja shuɗi a shuɗi, in USB biyu ne kuma bakin ya yi kaɗan sa ɗan hob mai ƙara bakunan USB. A Switch sai tana zaune a dok ɗinta, wato mazaunin da ke haɗa ta da tibi, a jikin dok ɗin bakunan suke. Ka kunna, ka zaɓi waƙa, sai ka ga kowa yana cin maki kamar na jarrabawar da ba a yi karatu ba, kai kana jin kana daidai amma launinka kullum a bayan sanda yake, kuma in ka yi magana sai ka ji muryarka ta fito daga tibi bayan ka rufe baki kamar mai kwaikwayonka. Ni wannan ya sa har na mayar da makirufo shago na ce lalatacce ne, aka canza min, na dawo abu bai canza ba, ashe tibin ce. Falasma ta zamani kafin ta nuna maka hoto sai ta yi masa kwalliya, ta gyara launi ta sulɓe motsi, wannan aikin yana cin ɗan lokaci, a fim ba za ka taɓa lura ba, amma a waƙa ko kashi ɗaya cikin goma na sakan ya isa ya rikita ka. Tsohuwar tibi mai ƙeya ba ta da wannan halin, shi ya sa in akwai ta a sito kuma PS2 ce, fito da ita ka goge ƙura ka soka wayar nan mai rawaya da fari da ja, an gama magana.

In falasmar ce dole, ga yadda za ka bi da ita. Ɗauki rimot ka shiga saitin hoto ka nemo Game Mode ka kunna, wasu tibin a ƙarƙashin General suke ɓoye shi, kuma ka kunna shi kana kan bakin HDMI ɗin da injin yake, don yawanci kowane baki da nasa saitin. Sannan ka kashe duk wani abu mai Motion a sunansa da mai rage hatsi-hatsin hoto. Koma saitin sauti ka kashe su Surround da duk wani ƙarin armashi, ka bar shi a PCM ko sitiriyo, a injin ma haka, don Dolby sai an kwance shi kafin ya fito kuma kwancewar lokaci ce. Bulutut kuwa manta da shi gaba ɗaya, na san sifikar nan mai fitilu da ake ja kamar akwati tana da daɗin ƙara, amma in ta bulutut ka haɗa ta to ka kashe wasan, ja mata waya daga bakin iyafis na tibin ko jan da farin nan na baya. Mai hom tiyata kuma in zai yiwu ya kai sautin kai tsaye daga injin, kar ya bi ta tibi. Bayan duk wannan sai ka shiga saitin gem ɗin kansa, sababbin suna da wurin auna jinkiri, wani zai ce ka kai makirufo kusa da sifika ya yi ƙara ya auna da kansa, wani kai za ka riƙa matsar da lamba. Gwajin da nake yi mai sauƙi ne, in ɗan ƙwanƙwasa kan makirufon da yatsa, in na ji "tak" ɗaya to lafiya, in na ji "tak-tak" biyu da saura. In ka yi iya yinka muryar ba ta daina makara ba, rage ƙarar makirufon a cikin gem ɗin har ƙasa, maki zai ci gaba da lissafuwa, ku kuma a ɗaki ɗaya kuke ai kowa yana jin kowa. Wannan dabarar ita ta cece mu a gidan yayana mai tibin da ko Game Mode babu.

Sai kukan nan mai tsaga kunne, "ƙiiii", wanda duk mai zuwa wurin taro ya san shi. Makirufo ne ya ji abin da sifika ta fitar ya mayar mata, ita ma ta mayar masa. Masu waƙa su tsaya nesa da sifika kamar taku uku, kar a nuna mata kan makirufon, kar kuma a dunƙule kansa da tafin hannu irin na masu gayu, wannan ƙara kukan yake yi. Fanka ma in tana hura kai tsaye cikinsa gem ɗin zai ɗauka wani ne yake waƙa, juya ta.

Mai son amfani da waya maimakon makirufo a Let's Sing, ka sauke manhajarsu ta makirufo a wayar, ka duba ta dace da bugun da kake da shi, sannan wayar da injin dole su hau Wi-Fi ɗaya, ɗan MiFi ma ya isa, gem ɗin zai nuna lamba a tibi ka shigar a wayar. Har mutum huɗu suna iya yi tare. Amfaninsa ba ka sayi komai ba, illarsa kuma ya fi mai waya jinkiri, ga kira yana shigowa ana tsakiyar baiti, ga batir na zuba. Ka tuna bakin maganar waya a ƙasanta yake, don haka gindin za ka nufa da bakinka, na ga mutane da yawa suna rera wa kyamara waƙa. Maganar ƙarin waƙoƙi kuma, sababbin bugun suna da biyan kuɗi na wata-wata da ke buɗe wasu da yawa, amma da yake yawancinmu akawun ɗin Amurka ko Ingila muke buɗewa a PlayStation, ka tabbata yankin akawun ɗinka ya dace da yankin faifan, in ba haka ba ka sayi waƙa ta ƙi fitowa. Ka sauke komai tun daren jiya, kar baƙi su zauna suna kallon sandar dawunlod.

Yanzu cin maki. Fara da Easy ba kunya, bambancin matakan shi ne yawan kuskuren da ake yafe maka kawai. Makirufo ya zama kamar yatsu uku daga bakinka, kar ka haɗiye shi kar kuma ka riƙe shi a ciki kamar mai riƙe da kofi. Ihu ba ya ƙara maki ko ɗaya. Idonka ya fi zama a kan sanduna fiye da rubutu, shi ya sa waƙar da ka riga ka haddace ta fi, doguwar sanda ka ja ta har ƙarshe da murya miƙaƙƙiya, a nan ne masu iya waƙa na gaske suke faɗuwa don su sai sun yi ado sun karkaɗa murya, shi kuma gem bai san ado ba, ƙanwata da duk gidan aka sani da murya ita ce ta zo ta biyun ƙarshe, har yau ba ta yafe wa injin ba. Ja numfashi a gurbin da ke tsakanin layi da layi tun kafin ka buƙace shi. Wurin rap kuma dokar ta juya, lokaci ake dubawa ba sauti ba. Ruwa mai ɗan ɗumi a kusa, ba mai ƙanƙara ba, balle lokacin hunturu da maƙogwaro ke bushewa.

In taro ne kar ka bar mutum biyu su riƙe abin su hana kowa, akwai Pass the Mic a SingStar inda ake raba jama'a gida biyu ana miƙa wa na gaba, kuma ka zaɓi gajeren tsayin waƙa don layi ya riƙa tafiya. Mai jin kunya a haɗa shi da wani su yi tare, in ya ji ba shi kaɗai ake ji ba zai saki jiki. Amma ga abin da nake so ka ɗauka da gaske, ka zauna kai kaɗai ka kalli bidiyon waƙoƙin kafin ranar, don ainihin bidiyon mawaƙan ne ake sakawa, kuma wasu shigar da ke ciki ba abin da za ka so ya fito ba ne Baba yana zaune a kujera yara suna ƙasa, ni na taɓa tsalle na tare gaban tibi da babbar riga. Ka rubuta waɗanda suka dace a takarda ka ce daga nan za a zaɓa. A PS2 akwai ƴar kyamarar EyeToy, in ka soka ta masu waƙar ne za su fito a tibi maimakon bidiyon, ka ga an huta, yara ma sun fi son haka. An kira sallah a kashe, dare ya yi a rage, maƙwabcinka bai sayi tikiti ba. Kan makirufon kuma a sa masa ɗan soso ko a riƙa gogewa, baki goma ne ke bi ta kai.

Tambayar da kowa yake ƙarewa da ita, to waƙoƙin Hausa fa? A faifan nan da na lissafa babu. Hanyar da nake bi ita ce UltraStar Deluxe, manhaja ce kyauta ta kwamfuta mai aiki kamar SingStar sak, ka jona laftof da tibi ta HDMI, kuma ja da shuɗin nan naka suna yi a kanta. Kowace waƙa folda ce mai ɗauke da sautin da ɗan fayil ɗin rubutu, a samansa ka sa #TITLE wato sunan waƙar, da #ARTIST wato mawaƙin, da #MP3 wato sunan fayil ɗin sautin, da #BPM wato saurin kiɗan, da #GAP wato tsawon jiran da ake yi kafin murya ta shigo, ana lissafa shi da kashi dubu na sakan. Daga nan kowace gaɓa layinta daban, inda ta fara, tsawonta, sautinta, sai gaɓar kanta, alamar : a farkon layi ta sandar gama-gari ce, * ta zinare, - sabon layi, E kuma ƙarshe. Hausa tana da daɗin yankawa gaɓa-gaɓa don haka wannan ɓangaren ba wuya, wahalar tana wurin kamo sautin kowace gaɓa, akwai edita a cikin manhajar da kake saurara kana ɗaga sanda kana saukewa har ta zauna. Fara da amshi kawai kar ka ce sai duka, ka fara daidaita #GAP kafin komai don in ya kauce duk sauran sun kauce, in kuma ƙ da ɗ suka fito kamar akwati a tibi ka adana fayil ɗin da tsarin haruffa na UTF-8, in ya ƙi ka rubuta k da d kowa zai gane. Waƙar da ka saya za ka yi da ita, kuma a falonka za ta tsaya, ba ta rabawa a guruf ba ce. Ta farko da na yi ta minti huɗu ce, ta cinye min dare uku, Goggo kuma ta riga ta aiko min da sunayen guda shida da take so kafin babbar sallah.